Daga Akushin Zaure Zuwa Bakin Daga: Wa Ya Ciyar Da Mazajen Damargu?

 Yau za mu ɗan ajiye maganar farashin tiyar hatsi da tsadar kuɗin mota, mu waiwayi wani zance wanda da jin sa za a ce ai na sarakai ne da makaɗansu, alhali kuwa in an bi shi sannu a hankali sai a tarar a bakin rumbu da gindin turmi ya samo tushe.

Abin da ya jawo zancen shi ne, a aikina na gidan rediyo na lura duk ranar da na sa tsohon kiɗan fada, irin na Ma'azu Ɗan Alalo na Damagaram ko na Ibrahim Narambaɗa, to ranar waya ba ta hutawa. Tsoho ya kira, matashi ya kira, mai suyar ƙosai ma ta kira ta ce a maimaita mata. Jin ana zuga mazajen jiya yana tsuma kowa. Sai wata rana tambaya ta faɗo mini a rai: su waɗannan mazaje da ake cewa ba su san gudu ba, me suke ci? Wa yake ba su? Kuma daga aljihun wa abin yake fitowa?

Damargu rumbun Abzin

Duk wanda ya taso daga Zinder ya yi arewa, ya wuce Bakin Birji ya doshi Tanut, tafiyar kilomita kusan 150, to ya shiga ƙasar da ake kira Damargu. A yau an raba ta gida biyu, gundumar Tanut da gundumar Balbeji wadda aka yanke a shekarar 2011. Nan ce iyakar noma ta ƙarshe kafin a faɗa hamada. Saboda haka tun zamanin da, mutanen Abzin ba su da rumbun da ya fi Damargu kusa da su. Dagirawa da Hausawa da Buzaye su ke noma hatsin, raƙuma kuma su kwashe shi su yi arewa, wani a ci a duwatsun Abzin, wani a kai Bilma da Fashi a musanyo gishiri da dabino.

Wani Bature ɗan ƙasar Jamus mai suna Heinrich Barth, wanda mutanen nan suka sani da Abdulkarim, ya biyo ayarin gishiri na Kel Ewey ya sauka Damargu a watan Janairu na 1851. A ƙauyen Tagelel, garin wani babban shugaban Kel Ewey mai suna Annur, nan suka rabu da jagoran tafiyarsu James Richardson, wanda ya nufi Zinder. Shi ma Barth abin da ya fi jan hankalinsa a ƙasar shi ne hatsi da rumbuna. Ban da ayarin gishiri, ta nan ne kuma ayarin Kano zuwa Tarabulus ke ratsawa, ɗauke da jemammun fatu da hauren giwa da gashin jimina, ya komo da yadi da takarda da sukari. Jajiduna, wadda yau ba kowane yaro ya san sunanta ba, a lokacin babbar mahaɗar fatake ce, har Larabawa masu sayen gashin jimina na zama a cikinta.

To, masu iya magana sun ce inda baƙi ya yi yawa nan ƙuda ke taruwa, haka inda dukiya ke ratsawa ba a rasa mai takobi. A Damargu akwai wani reshe na Abzinawa da ake kira Imuzurag, mayaƙa ne, suna tsare ƙauyukan manoma daga mahara, su kuma karɓi rabonsu na hatsi, madugai su biya su kuɗin hanya. A ƙarshen ƙarni na 19, zamanin shugabansu Musa, rikici ya yi tsanani tsakaninsu da Kel Ewey masu raƙuman ayari, har hanya ta yi wuyar bi. Da Faransawa suka kama Zinder a 1899, ba su daɗe ba suka mara wa Kel Ewey baya suka karya ƙarfin Imuzurag, suka kafa barikinsu a Jajiduna kafin daga baya a mai da shi Tanut.

Zaure, akushi da riga

Yanzu mu koma kan tambayarmu. A wancan zamani babu albashin wata, babu banki. Yaya sarki ko wani mai ƙarfi ke tara mazajen da za su yarda su mutu dominsa?

Amsar tana cikin zaure. Kowa ya san al'adarmu: in magariba ta wuce sai akusa su fara fitowa daga cikin gida, maigida ya zauna da mutanensa a zaure ko a ƙofar gida a yi ciyayya. Gidan talaka akushi biyu ne ko uku. Gidan basarake kuwa sai a jera su kamar ranar suna, kuma kullum ne. Duk wanda ya saba sa hannu a wannan akushi ya zama yaron gida, wato bara. Ubangidansa ne zai ɗinka masa rigar salla, ya yi masa aure, ya raɗa wa ɗansa suna, in ya nuna ƙwazo ya ba shi doki da takobi, wata rana ma ya naɗa masa rawani. Ba a rubuta takarda, ba a sa hannu, amma kowa ya san sharaɗin. Hausawa sun taƙaice shi da cewa wanda ya ci ladan kuturu sai ya yi masa aski. Ranar da aka buga tambari aka ce an fita, wannan tuwo da aka ci shekara da shekaru shi za a biya, kuma sau da yawa da rai ake biyansa.

Babban misalin wannan a kusa da mu shi ne fadar Damagaram zamanin Sarki Tanimun, wanda ya yi kimanin shekara 30 yana mulki ya rasu a 1884. Shi ya kewaye Birni da ganuwa, ya tara bindigogi dubbai, ya sa maƙera suna zuba igwa a cikin Zinder, ana haɗa albarushi. Akwai barade, akwai ƴan lifidi masu lulluɓe doki da mahayinsa da auduga, akwai ƴan baka da dakaru, ga kuma ƴan bindiga waɗanda galibinsu bayin sarki ne. Duk wannan taro baki ne da ciki. Kowane doki yana son dawa da harawa, kowane mahayi yana son tuwo da fura. Ashe kafin a ƙera igwa ɗaya sai an cika rumbu ɗari.

Makaɗi shi ne rediyon zamanin

Amma tuwo kaɗai ba ya sa namiji ya tsaya gaban mashi. Akwai abu na biyu, wato suna. A nan makaɗa da maroƙa suka shigo. Masu kotso da taushi da jauje, masu kakaki da algaita, da zabiya mai guɗa, su ne gidan rediyo, su ne jarida, su ne kuma ma'ajiyar tarihi. In barde ya yi abin kirki a fagen fama, kafin ƙura ta lafa an sa shi a waƙa, ƴaƴansa da jikokinsa su gaji kirarin. In kuwa ya juya baya, habaici da zambo na nan suna jiransa a zauren da ya saba cin tuwo, a gaban sa'o'insa. Mutane da yawa sun gwammace kabari da wannan kunya.

Ƙarfin kirari ya kai har yakan haɗiye sunan yanka. Sarkin Gobir Bawa, wanda ya yi zamani a Alkalawa a ƙarni na 18, ba wanda ke kiransa ba tare da ya ƙara Jan Gwarzo ba. Sarkin Damagaram Ahmadu, wanda ya hau gado a 1893, duniya ta san shi da Kuran Daga, wato kurar fagen yaƙi. A zamaninsa aka kashe hafsan Faransa Cazemajou a Zinder cikin watan Mayu na 1898, shi ne kuma ya tari sojan Faransawa a Tirmini a ƙarshen watan Yuli na 1899, aka rinjaye shi, bayan ƴan makonni aka kashe shi. An ci garinsa, amma har gobe ba a ci kirarinsa ba.

A wajen Abzinawan Damargu kuwa, iyayenmu mata, abin ya fi shafarku. Su ba zaure gare su ba, tanti ne, kuma tantin na mace ne, da shi take zuwa gidan aure, da shi take tafiya in aure ya mutu. Abin kiɗansu mai daraja, wato inzad, wani goge ne mai tsirkiya ɗaya, kuma mata kaɗai ke goga shi, maza na rera baitocin jarumta da na bege a kai. Mayaƙi yana bakin daga amma hankalinsa na kan abin da za a faɗa a kansa in an zauna sauraren inzad. Ke nan mace ce ke riƙe da ma'aunin da ake auna namiji. A 2013 hukumar UNESCO ta sa wannan kiɗa cikin kayan gadon duniya, da sunan Nijar da Mali da Aljeriya.

Haka abin yake a tsohuwar Ingila

Kada mai karatu ya ɗauka mu kaɗai muka yi irin wannan zama. Kakannin Turawan Ingila, waɗanda ake kira Angulo-Sakson, sun yi shi tun fiye da shekara 1,000 da suka wuce. Su ma rayuwarsu a kan zaure ta ginu, sai dai nasu dogon ɗaki ne na katako, wuta na ci a tsakiya, sarki da mayaƙansa na zaune a kan benci ana cin nama ana shan giyar zuma, mawaƙi na gefe yana wasa kakanni. Sarkin kirki a wurinsu shi ne mai rabon zobba da mundayen zinariya da takubba. Marowaci ba ya tara mazaje.

Babbar waƙarsu ta jarumta sunanta Beowulf, mai layi 3,182. Labarin wani sarki ne a ƙasar Danmak mai suna Hrothgar da ya gina katafaren zaure, sai wani dodo ya addabe shi shekara 12 yana shigowa da dare yana cinye masa mutane, har wani saurayi Beowulf ya ƙetaro teku ya kashe dodon. A cikin labarin, uwargidan sarki ce ke zagayawa da ƙoƙon sha tana miƙa wa kowane jarumi, kuma a gabanta baƙon ya ɗauki alkawarin ko ya yi nasara ko ya mutu a zauren. Amma wurin da ya fi kama da namu shi ne ƙarshen waƙar. Beowulf ya tsufa yana sarauta, ya fita karo da wani ƙaton maciji mai aman wuta, tare da zaɓaɓɓun yaransa 11. Da wuta ta yi wuta, 10 suka ruga daji, ɗaya tak mai suna Wiglaf ya tsaya. Abin da ya goranta wa sauran shi ne abin da suka sha da kayan yaƙin da suka karɓa a zauren ubangidansu. Ladan kuturu ke nan, da harshen Turawa.

Ba tatsuniya ce kawai ba. A 1939, a wani wuri da ake kira Sutton Hoo, an tono kabarin wani basarake da aka binne cikin jirgin ruwa mai tsawon mita 27, wajen shekarar 625. An tarar da kwalkwali da sulke da takobi da garkuwa. Amma an kuma tarar da ƙahonin sha, da babbar tukunya da sarƙar rataye ta, da wani abin kiɗa mai tsirkiya shida ɗan'uwan molo. Wato an sallame shi da kayan yaƙi, da kayan ciyarwa, da kayan kirari, abin da muka gani a Damagaram sak.

Ga wani abin da zai ba ƴan kasuwa sha'awa. Kalmar lord da Ingilishi ke kiran ubangida ko basarake da ita, asalin ma'anarta a tsohon harshensu shi ne mai tsaron gurasa. Kalmar lady, wato uwargida, asalinta mai kwaɓa gurasa. A wata tsohuwar dokarsu ma, sunan bara shi ne mai cin gurasa. Harshen da kansa ya tona asiri: sarauta daga abinci ta faro.

Abin da kirari bai faɗa ba

A nan ne nake so mu tsaya mu yi wa kanmu adalci. A shekarar 991 mahara daga arewacin Turai suka sauka a wani gari na Ingila mai suna Maldon, suka ce a ba su dukiya su tafi. Jagoran yankin, Byrhtnoth, ya ƙi, aka gwabza, aka kashe shi, wasu yaransa suka gudu, wasu suka tsaya suka mutu a gefen gawarsa. An yi musu waƙa wadda har yau ake karantawa a jami'o'i, da sunayensu ɗaya bayan ɗaya. To amma bayan yaƙin sai da sarkin Ingila ya biya maharan fam 10,000 na azurfa. Waɗanda aka tatsi wannan azurfa daga gare su, manoma da masu saye da sayarwa, babu sunan ko ɗaya a waƙa.

Mu ma haka ne. Makaɗi yana faɗin dokin da aka ba barde, ba ya faɗin manomin Gangara ko na Tarka da aka auni hatsinsa aka ciyar da dokin. Yana faɗin yawan akusan da ke fita zaure, ba ya faɗin matan da suka tashi tun asalatu suna sussuka da surfe da daka da niƙa, da ƴan matan da suka jawo ruwa daga rijiya mai gaba da yawa, irin rijiyoyin Damargu da sai da dabba ake ja. Yana faɗin rigar da sarki ya yafa wa jarumi, ba ya faɗin bafataken da ya biya kuɗin hanya zango bayan zango kafin yadin ya iso. Mafi ɗaci kuma, yana faɗin garuruwan da aka ci, ba ya faɗin mata da yaran da aka koro daga cikinsu aka mai da su bayi, wasu aka sa su noma da daka, wasu aka sayar aka ƙetara hamada da su aka sayo bindiga. Wannan ma tarihinmu ne, kuma tabonsa bai gama gogewa ba, tun da sai a 2003 dokar Nijar ta tanadi hukunci a fili ga mai bautar da mutum.

Ba ina nufin a daina jin kiɗan fada ba ne, ko a raina mazajen da suka tsaya wa ƙasarsu. Akwai lokacin da in ba don mai takobi ba, da manomi bai kwana a gidansa ba, da ayari bai kai Kano ba. Abin da nake cewa shi ne, in an ji kirari a riƙa tunawa da rabin labarin da ya rage a madafa da kasuwa. Hujja kuwa ita ce, da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911 kaya suka koma bin hanyar teku, ayarin Tarabulus ya mutu, sai manyan gidaje da yawa suka yi sanyi ba tare da an harba ko kibiya ɗaya ba. Yunwar Kakalaba ta 1913 zuwa 1914 ta zo ta ƙarasa sauran. Da rumbu ya bushe, zaure ya watse.

Zauren yau

To yau fa? Takobi bai ɓace ba, ya dai sauya hannu. A gasar kokowa ta ƙasa, wadda aka fara a Tawa a 1975, abin da sarkin kokowa ke ɗauka shi ne takobi, kuma duk wanda ya ga ɗan kokowa ya shiga fili yana kirari makaɗi na zuga shi, ya ga ɗan'uwan barden Tanimun, sai dai wannan karon ba a zubar da jini, ba a kama bawa. Hawan salla a ƙofar fadar Damagaram ma yana nan yana tuna mana da lifidi da kakaki. Wannan gado ne mai kyau.

Amma akwai wani zaure da ya kamata ya hana uwa barci. Har yanzu matashi mai ƙarfi wanda ba shi da sana'a, wanda ya ciyar da shi shi ne ubangidansa. Lokacin zaɓe muna ganin yadda ake tara samari da shayi da taliya da ƴan jakkuna, a saya musu riga mai hoto, a ɗauko mawaƙi ya zuga su, ranar rigima kuma su ne a gaba, ƴaƴan mai zauren suna can makaranta. A birnin Zinder an san ƙungiyoyin matasa da ake kira fale, waɗanda ƴar garin, Aicha Macky, ta yi fim a kansu a 2021, ta nuna yadda rashin aiki da wariya ke tura yaro ga duk inda zai sami ci da suna. A can kudu kuwa, a dazuzzukan Zamfara da Katsina, har ƴan bindigar da ke tare fatake suna sace mutane sun sami masu yi musu waƙa. Akushi ne da kirari dai, irin na jiya, amma babu ganuwar da ake tsarewa, babu ayarin da ake rakawa.

Saboda haka, iyayenmu mata da ƴan kasuwa, shawara biyu nake kawowa. Ta farko, kowa ya san akushin da ɗansa ke sa hannu a ciki. In yaro ya fara shigowa da sabuwar waya ko babur wanda ba a san ladan wane aiki ba ne, a tambaye shi tun da wuri, don mai bayarwa yana nan zuwa karɓar aski. Gara a ja shi rumfa a koya masa awo da lissafi, ko a haɗa shi da mai sana'a, ko da ribar ba ta taka kara ta karya ba.

Ta biyu, mu ceci abin da ya rage a bakin tsofaffi. Waƙar Beowulf kwafi ɗaya tak ta rage a duniya, wanda aka rubuta wajen shekara ta 1000, kuma a 1731 gobara ta lashi gefensa, saura ƙiris a rasa ta har abada. Mu namu kwafin yana cikin ƙirjin tsofaffi ne, kuma kullum ana binne su. Marigayi André Salifou, wanda jami'ar Zinder ke ɗauke da sunansa, ya rubuta tarihin Damagaram a 1971, cibiyar CELHTO da ke Yamai kuma tun 1968 take tattara tarihin baka, amma ba za su shiga kowane gida ba. Yau kusan kowace rumfa akwai wayar da ke ɗaukar murya. A zauna da kaka a ɗauki waƙar daka da ta niƙa, a tambaye ta wa ya haƙa rijiyar garin, wace hanya ayari ke bi, me aka ci a shekarar yunwa, wace mace ce ta ciyar da unguwa. A ɗauki kirarin maharba da na maƙera da na mahauta da na madugai, kada a tsaya ga na sarakai kawai. Mu a gidajen rediyo ƙofarmu a buɗe take ga irin waɗannan muryoyi.

Mazajen jiya sun sami masu wasa su. Waɗanda suka cika musu akushi su ma lokaci ya yi da za a ambaci sunansu. Allah ya jiƙan magabata, ya shirya mana zuri'a, ya ba mu damina mai albarka da kasuwa mai riba, amin.